Mutumin da ya yi fim da allura

Wani ɗalibi da ke koyon aikin fim a nan Jos ya aiko mini da tambaya, ga ta a taƙaice: "Malam, an haska mana wani fim na minti huɗu a aji. Babu jarumi, babu magana, babu labari, sai wasu fararen layuka suna tsalle a cikin duhu, ganga tana tashi. Rabin ajin dariya suka yi, ni kuwa abin ya tsaya mini a rai. An ce mai shi sunansa Len Lye. Wane ne shi? Wannan ma fim ne? Kuma mutum zai iya cin abinci da irin wannan aiki? Don mahaifina yana yawan tambayata abin da nake koyo."

To ɗana, sannu da ƙoƙari. Fim ɗin da ka gani sunansa Free Radicals, an gama shi a 1958. Kuma kada ka ga laifin waɗanda suka yi dariya. Ni ma ran da na fara ganinsa na ɗauka na'urar ce ta lalace, har na juya ina kallon mai haskawa ko zai tashi ya gyara. Mu da muka taso da sinima mun san waɗannan fararen layuka: su ne tabon da zaren fim ke yi idan ya tsufa, ya sha zagaye daga wannan gidan kallo zuwa wancan. A wajenmu alamar lalacewa ce. Shi wannan mutum sai ya ɗauki lalacewar ta zama ita ce sana'ar.

Bari in fara da yadda aka yi shi, don in ka gane wannan sauran zai zo da sauƙi. Zaren fim na da, wanda ake naɗewa a faifai, a rabe yake gida-gida, kowane gida hoto ɗaya, kuma gida 24 ne ke wucewa ta gaban fitila a kowace daƙiƙa. Minti huɗu ke nan gida 5,760. Zaren da ya yi aiki da shi mai faɗin milimita 16 ne, wato kowane gida bai kai girman farcen babban yatsanka ba. Zaren yana da fuska biyu, ɗaya mai sheƙi, ɗaya dushi-dushi. A kan mai dushin ne aka shafa maganin da ke riƙe hoto. Idan zaren baƙi ne ƙirin, ka sa tsini ka karce maganin, wurin da ka karce zai zama fes, hasken fitila ya bi ta nan ya faɗa kan allo. Shi ke nan. Babu kyamara ko ɗaya a aikin. Allura ya yi amfani da ita, da kayan likitan haƙori, da kan kibiya, da duk wani abu mai tsini da ya ga zai ba shi irin layin da yake nema. Yakan danne zaren a kan tebur, ya riƙe allurar gam, ya tara ƙarfi a kafaɗa, sannan ya saki karcen da jikinsa gaba ɗaya. Shi ya sa layukan ba su yi kama da rubutun akawu ba, sun fi kama da fizgar ɗan dambe.

Shi kansa mutumin, ana furta sunansa Lai. An haife shi a Christchurch ta ƙasar Niyu Zilan a 1901, gidan talakawa. Mahaifinsa ya rasu yana ɗan shekara uku. Daga baya mahaifiyar ta auri wani mai gadin hasumiyar fitila da ke nuna wa jiragen ruwa hanya, a wani lungu na gaɓar teku mai suna Cape Campbell, yaron ya yi ɗan zama can tsakanin iska da igiyar ruwa da wata ƙatuwar fitila mai walƙawa da dare. Ban cika son a ce yarintar mutum ita ta yanke masa komai ba, amma a nan kam da wuya ka ƙi gani.

Labarin da shi da kansa ya fi bayarwa shi ne na wata safiya a Wellington, yana saurayi, yana rabon jarida. An yi ruwa an ɗauke, gizagizai suna gudu a sama. Yana ta tunanin yadda masu zane ke wahala wajen nuna gajimare yana tafiya alhali zanen a tsaye yake. Sai tunani ya faɗo masa: tun da mai kiɗa yana tsara sauti, me zai hana wani ya tsara motsi? Ba zanen abin da ke motsi ba, motsin kansa. Wannan tunani ɗaya shi ya riƙe har ya mutu, kusan shekara sittin. Duk abin da za ka karanta game da shi, in ka cire wannan, sai ya zama tarin sunaye da shekaru.

Ka taɓa tsayawa kallon dambe ka lura da mutanen da ke gefe? Idan mai bugu ya kai hannu, za ka ga kafaɗar ɗan kallo ta motsa, wani har ya kauce kamar shi aka kai wa. Ba wanda ya taɓa shi. Jikinsa ne ya karanta motsin kafin hankalinsa ya fassara. Haka in kalangu ya tashi a gidan biki, ƙafar tsohuwa takan fara bugun ƙasa tun ba ta yanke shawarar yin rawa ba. Wannan wuri na jikin mutum shi Len Lye yake nufa da aikinsa. Yakan kira shi tsohuwar ƙwaƙwalwa, wato sashen da ya riga magana da lissafi. Ina tsammanin abin da ya tsaya maka a rai ke nan: idonka yana neman labari bai samu ba, amma jikinka ya riga ya amsa.

A ƙuruciyarsa ya ƙi bin hanyar da 'yan'uwansa Turawa ke bi, ta kwaikwayon zanen Ingila. Ya dinga nazarin sassaƙar Maori, mutanen asalin ƙasarsu, da zanen 'yan asalin Ostireliya, da ƙirar Afirka da yake gani a littattafai. Ya tafi tsibirin Samowa ya zauna cikin mutanen gari, yana koyon adon da suke yi wa wani tufa da suke bugawa daga ɓawon itace. Hukumar mulkin mallaka ta ga Bature yana zaune da 'yan ƙasa kamar ɗayansu, ta kore shi. A 1926 ya isa Landan, kuma ba da kuɗin tikiti ya je ba, aikin kwasar gawayi ya yi a cikin jirgin ruwan da ya kai shi.

Fim ɗinsa na farko, Tusalava, ya fito a 1929. Zane fiye da 4,000 ya yi da hannu, aka ɗauki hoton kowanne, duka don abin da bai wuce minti goma ba. Aikin ya ci masa kusan shekara biyu, kuɗi kuma bai dawo ba. Daga nan ne talauci ya koya masa dabara. Hayar kyamara da fitilu ta fi ƙarfinsa, sai ya riƙa karɓo guntayen zaren fim da ake zubarwa a ɗakunan shirya fim, yana shafa musu fenti kai tsaye. Ba shi ya fara tunanin ba, wasu 'yan'uwa biyu a Italiya sun gwada wajen 1911, amma nasu ya ɓace. Shi ne ya kai abin gaban jama'a a gidajen sinima.

Yanzu ga inda tambayarka ta cin abinci ta shigo. Wa ya biya? Gidan waya. Hukumar gidan waya ta Ingila tana da sashen yin fim a lokacin, ƙarƙashin John Grierson, shi ya ɗauke shi. A 1935 aka fitar da A Colour Box: launuka suna rawa bisa kiɗan Kiyuba na 'yan mintuna, sannan can wajen ƙarshe sai rubutu ya bayyana yana shelar cewa kuɗin aika ƙunshi ta gidan waya ya sauka. Talla ce. Wanda ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski, kuma ya yi askin, sai dai ya tura shi can ƙarshe bayan ya gama abin da ya kawo shi. Rainbow Dance na 1936 tallar asusun ajiya ne na gidan waya. A shekarar ya yi wa kamfanin mai na Shell wani da 'yan tsana. Trade Tattoo na 1937 kuwa, wanda ni na fi so a cikin na wannan zamani, ragowar hotunan ma'aikata ne da wasu masu fim suka ɗauka suka yar, ya tattara, ya rina su da launi, ya bi su da zane, ya yanka su daidai da bugun kiɗa. Duk edita da ke yanka waƙa a Kano ko a nan Jos yana bin bugun kiɗa, da zai zauna ya kalli wannan sau uku, da ya ƙaru.

Akwai wani abu da ke ba ni haushi duk lokacin da na zo nan, bari in faɗe shi. Gwamnatin da ke biyan wannan mutum ya yi wa 'yan Landan rawar launi, ita ce a 1939 ta kafa sashen fim na ƙasashen da take mulka, ta ɗora William Sellers a kai, wanda ya yi aikin lafiya a Najeriya yana yawo da majigi. Ra'ayin Sellers shi ne ɗan Afirka ba zai gane fim ba sai an yi shi a hankali, kyamara ba ta motsi, ba a tsallake komai, kada ya ruɗe. Irin majigin da aka riƙa kawo wa iyayenmu a ƙofar fada ke nan. Alhali mutanen da ake cewa ba za su gane ba, su ne masu zanen ƙwarya da wuƙa mai zafi, masu zayyanar allo, masu aska takwas a gaban riga, masu dagi a bangon soro. Wa ya taɓa tambayar mai ɗinkin hula labarin da hularsa ke bayarwa? Ado marar hoton mutum ko dabba, wanda layi da launi da maimaici kawai ke riƙe shi, mu ba baƙonmu ba ne. Abin da Len Lye ya ƙara a kai shi ne lokaci: ya sa zanen ƙwaryar ya tashi ya taka.

Lokacin yaƙin duniya na biyu ya yi wa gwamnati finafinan faɗakarwa. A 1944 ya koma Niyu Yok yana aiki da masu shirya labaran sinima na March of Time, ya zama ɗan Amurka a 1950. Ba zan daɗe a nan ba, shekarun neman abinci ne.

Sai Free Radicals. Gangar da ka ji a ciki ba daga nesa ta zo ba. Kiɗan Bagirmi ne, mutanen da ke kudu maso gabashin tafkin Chadi, maƙwabtan Barno, waɗanda Rabeh ya ci babban birninsu Massenya a 1893. Ka ga ke nan Bature ɗan Niyu Zilan, zaune a Amurka, yana karce zare da allura bisa bugun makaɗan da ke nan bayan gidanmu. An kai fim ɗin gasar finafinan gwaji a Burasel ta Beljiyam a 1958, ya zo na biyu. A 2008 Amurka ta sa shi cikin jerin finafinan da take adanawa a matsayin dukiyar ƙasa. Yabon gwani ya zama dole, kuma na yaba. Amma ka sake kallonsa ka kashe sautin, ka ga abin da ya rage. Rabin ƙarfin fim ɗin na makaɗan ne, kuma abin da duniya ta sani game da su shi ne sunan ƙabilarsu kawai, ba sunan mutum ɗaya. Na yarda ya girmama fasahar mutanen da ya ɗauka daga wajensu fiye da yawancin Turawan zamaninsa, har korarsa aka yi saboda zama da su. Duk da haka shi aka san sunansa. Idan ka tashi yin naka, ka je ka ɗauko kiɗan wani tsoho a unguwar Gangare ko a wani ƙauyen Filato, ka rubuta sunansa, ka biya shi, ka koma ka nuna masa abin da ka yi.

Bayan wannan nasara me ya samu? Ga ƙoshi ga kwanan yunwa. Suna ya tafi ko'ina, amma ba wanda ya zo da kuɗin fim na gaba. Sai ya shelanta cewa ya shiga yajin aikin yin fim, ya juya ga ƙarfe. Nan ne ɓangarensa na biyu, wanda ba a nuna muku a aji ba. Ya riƙa samo sandunan ƙarfe da falle-fallen ƙarfe masu lanƙwasa, ya haɗa su da ƙananan injina, su riƙa kaɗawa, suna juyi, suna ƙara. Akwai wanda ƙaton zobe ne na ƙarfe, maganaɗisu na jan sa yana lotsawa yana tasowa kamar mai numfashi, har ya bugi wata ƙwallo da ke rataye a sama ya yi amo. Akwai wanda dogayen falle ne rataye daga rufi, in suka murɗe suka saki sai ɗakin ya ɗauka kamar tsawa. Ya nuna irin waɗannan a babban gidan adana fasahar zamani na Niyu Yok a 1961. Kada ka ɗauka ya canja sana'a ne. Tunanin safiyar rabon jarida ne dai, da can da haske, yanzu da ƙarfe.

Yawancin abin da ya zana ya fi ƙarfin aljihunsa da injiniyoyin lokacin. A 1977 wani gidan nune-nune a garin New Plymouth na ƙasarsu, Govett-Brewster, ya shirya masa baje koli, wani injiniya na garin mai suna John Matthews ya taimaka aka ƙera wasu da girman da yake so. Ya rasu a 1980 a jihar Niyu Yok, ya bar kayansa ga wata gidauniya da ke kula da su a New Plymouth. Wajen shigowar shekara ta 2000 aka kafa wata jar sanda siririya a bakin tekun garin bisa zanensa, tsawonta ya haura mita 40, da fitila a kanta, iska na lanƙwasa ta. A 2015 aka buɗe gini na musamman da sunansa. Har yau masana na jayayya kan ko abin da aka ƙera bayan ran mutum za a kira shi aikinsa. Ni dai ina ganin in ya bar zane da umarni, aikinsa ne, kamar yadda magini ke mutuwa a ƙarasa soron da ya auna.

Kada ka zaci irin wannan hanya ta Turawa ce kaɗai. Moustapha Alassane na Nijar, wanda aka haifa a 1942 ya rasu a 2015, makanike ne tun farko, ya fara da wasan inuwa yana haska zanensa da fitila ga mutanen gari. Ya yi aiki da Jean Rouch, Bafaranshe mai shirya fim, a Yamai, ya je Kanada ya ga Norman McLaren, wanda shi ma gwanin zane a kan zare ne kuma bai ɓoye cewa aikin Len Lye ya buɗe masa ido ba. Alassane ya dawo ya yi Bon Voyage Sim a 1966, inda ya yi wa shugabanni masu yawon ziyara shaguɓe da kwaɗi. Ya yi shekarunsa na ƙarshe a Tawa, ƙasar Hausa, yana riƙe da masauki, yana shirya finafinansa a ciki. Ka lura shi ma da wata sana'ar ya riƙe wannan.

To Free Radicals fim ne? Eh, fim ne. Abin da ya sa ake ce wa abu fim shi ne haske da ke canjawa a kan allo cikin lokacin da aka auna. Labari baƙo ne da ya zo ya samu wuri ya zauna, har aka manta ba shi ya gina gidan ba. Ba ina rage darajar labari ba ne, ni ma da yanka finafinan aure da kishiya na ciyar da iyalina shekara da shekaru. Amma wanda bai taɓa zama da motsi shi kaɗai ba, ko ya samu labari mai kyau sai ka ga fim ɗinsa ya zama mutane biyu zaune a falo suna magana, kyamara na gadi.

Cin abinci kuwa, gaskiya ɗaya ce: a'a, ba da shi kaɗai ba. Shi uban tafiyar ma talla ya yi, ya yi aikin gwamnati, ya yi aikin labarai, ya yi koyarwa. Abin da za ka gaya wa mahaifinka, kuma ba ƙarya ka yi ba, shi ne kana koyon tace hoto da tsara motsi, kuma masu talla da masu waƙa da gidajen talabijin suna biyan wanda ya iya. Wancan ɗin kuma ka riƙa yi da dare, da kuɗin da wannan ya kawo.

In kana son gwadawa, zaren fim ya yi wuya yanzu, duk da cewa a garin nan Hukumar Fim ta Najeriya take, da makarantarta, da ma'ajiyar tsofaffin finafinai ta ƙasa. Kada ma ka yi tunanin taɓa abin da ke ma'ajiya da allura. Na taɓa samun wani guntun baƙin zare a hannun wani tsohon mai haska sinima, muka kwana uku da ɗalibai muna karce shi, muka zuba masa tawada. Ba mu bari ta bushe sosai ba, sanyin Disamba ne, muka ɗora a na'ura, ta naɗe shi ta yayyaga a gabanmu. Abin da muka gani bai kai daƙiƙa biyar ba. Sai dai a cikinsu mun ga wani abu da ba mu shirya ba: zaren mai launi ne, inda aka karce sama-sama ya fito kore, inda aka ƙara nisa ya fito rawaya, inda aka kai ƙasa ya fito fari, saboda maganin hawa-hawa yake.

Hanya mai sauƙi ita ce tsohon hoton ƙashi na asibiti, wanda ba a bukata, ka yanke gefen da ke da sunan mai shi ka ƙona. Baƙin wurin yana karcuwa kamar zaren fim, sai dai in maganin a fuska biyu yake, sai an karce duka biyun haske zai ratsa. Ka yanka shi ƙanana daidai wa daida, ka karce kowanne, ka manna a gilashin taga da rana, ka kafa waya a wuri ɗaya kada ta motsa, ka ɗauka ɗaya bayan ɗaya. Hoto 12 a daƙiƙa ya isa, wato 120 za su ba ka daƙiƙa goma. Ka fara zaɓen kiɗan kafin ka taɓa allura, ka saurare shi har sai ka san inda kowane bugu yake, ka ƙirga gida nawa ne tsakanin bugu da bugu, ka rubuta a takarda. Na farkon zai fito kamar tsutsa a ruwa, kowa haka nasa ke fitowa, don da wuyan hannu za ka yi. Sai wajen na uku ko na huɗu kafaɗa za ta shiga.

Idan ka haɗa daƙiƙa gomanka, ka kawo mini ranar Asabar bayan la'asar. Ka zo da guntayen ma, har waɗanda ka ɓata, ina son in ga zurfin karcen da idona.